Farin Takalmin Eskil

Shafi na 17

Masu turo min saƙo tun ranar Talata kuna cewa na gudu, ban gudu ba, mura ce ta kwantar da ni. Ke kuma da kika rubuto cewa in ban cire wa Eskil takalmin nan ba za ki daina karantawa, gyara zama, yau ranarki ce.

*

Ƙarfe goma na safiyar Asabar ruwa yake ta zuba a Haugesund, irin ruwan da ba wanda yake ɓata bakinsa ya yi maganarsa. A tsohon siton gyaran kifi da ke bakin tashar jirage, inda 'yan ƙungiyar Tsatsa suke gwajin kiɗansu na rok shekara uku ke nan, Tuva tana zaune bayan gangunanta tana cin biredi da cuku, tana kallon Brage yana zagaye ɗakin da tef a hannu.

Brage ɗan kawun Sunniva ne, mawaƙiyar ƙungiyar. Bara ya gama makarantar koyon fim, tun daga nan kuma ko kofi ba ya iya sha sai ya fara duba ta ina haske yake faɗo wa kofin. Shi ya ɗauki alkawarin yin fim a kan su ukun: Sunniva mai waƙa da jita, Eskil mai babbar jitar nan mai amon ƙasa, sai Tuva mai ganga. Kyamarar aro ce, ranar Litinin za a mayar, saboda haka yau ko ana ha-maza-ha-mata sai an ɗauki waƙarsu ta ƙarshe.

Ya zo gaban Eskil ya tsaya, ya sunkuyar da kai.

"Wannan fa?"

"Ƙafata ce."

"Abin da ke jikin ƙafar nake tambaya."

Farin takalmin roba ne har gwiwa, irin na masu feɗe kifi. Shekara biyu Eskil bai hau dandamali ba sai da shi. An yi masa dariya a Bergen, an jefe shi da gwangwani a Egersund, akwai yarinyar da ta rabu da shi a kan takalmin nan, bai cire ba.

"Na gode maka, Brage," in ji Sunniva tana ɗaure wayar jitarta. "Shekara biyu ina magana har bakina ya gaji. Mu biyu baƙi wuluk daga sama har ƙasa, shi kuma kamar wanda aka aika sayen kifi ya ɓata hanya."

"Ruwa ba ya shiga," in ji Eskil.

"A kan dandamali ruwa ake yi?"

"Ba a sani ba. Garin nan ne fa."

"Cire," in ji Brage. "Farin nan yana cinye min hoto. Duk wanda ya kalli fim ɗin ƙafarka zai bi da ido, ba fuskar Sunniva ba. Na kawo maka baƙi na fata. Sannan ka tashi daga dama, ka koma can hagu kan akwatunan nan, ta wurin hayaƙi zai fito."

Tuva ta ajiye biredin.

"Wane hayaƙi kuma?" ta tambaya.

"Na aro injinsa. Za ki gani, kamar a mafarki."

Eskil bai kalle ta ba. Ya ce shi dai a dama ya saba tsayawa, kuma baƙin takalmi yana matse masa ɗan yatsa. Sunniva ta ce a kaɗa ƙuri'a, kamar yadda suke yi a kan komai, har a kan wanda zai wanke kofuna. Ta ɗaga hannu. Brage ya ɗaga nasa duk da ba ɗan ƙungiya ba ne.

"Ke fa, Tuva?"

Me za ta ce? In ta ce a bar masa takalminsa, tambayar da za ta biyo baya ita ce don me, ita kuwa amsar nan ta gwammace ta haɗiye sandar kiɗa da ta faɗe ta. Ta ɗaga kafaɗa.

"Duk yadda kuka yi."

Brage ya kwashe takalman ya wurga su ɗakin baya, inda tsofaffin takalman ma'aikatan siton suke jibge tun da aka rufe wurin.

Abin da ba a sani ba shi ne, kunnen Tuva na hagu ya daina aiki shekara biyu da suka wuce, na dama kuma tsuwa yake mata dare da rana. In ana hira a natse tana ji. Amma da zarar an kunna sifikoki, jita da murya da komai sai su dame su zama gurnani ɗaya, ba ta iya ware wannan daga wancan. Abin da ya cece ta ƙafar Eskil ce. Yana buga ƙasa da ita daidai da kiɗan, farin robar kuma ko a dandamalin da ya fi ko'ina duhu tana hango shi. Kullum a ranta cewa take Allah ne ya haɗa ta da mahaukacin da ba ya jin kunyar takalmi.

Ba korar da Sunniva za ta yi mata kaɗai take tsoro ba. Gangunan na babanta ne, Torleif, wanda ya kaɗa su shekara ashirin har suka cinye masa kunnuwa, yanzu da na'urar ji yake yawo. Ranar da ya ba ta su tana 'yar shekara goma sha huɗu, ya ba ta robar toshe kunne, ya kuma nuna mata ɗan makullin da ake ɗaure fatar ganga da shi, wanda yake rataye cikin makullansa har yau. Ya ce, "Ranar da kunnenki ya fara tsuwa, da wannan zan kwance su ɗaya bayan ɗaya in mayar da su sama. Kurma ɗaya ya ishi gida." Torleif kuwa ko a kan ranar kwashe shara ba ya canza magana.

"Kowa ya shirya?" in ji Brage. "Mu je."

Hayaƙi ya taso. Tuva ta haɗa sandunanta sau huɗu, suka afka.

Farkon waƙar ba matsala, ita ke jan su. Matsalar tana tsakiya, inda ganga take yin shiru a bar Sunniva ta yi ta jan jitarta iya son ranta, wata rana gajere, wata rana kamar ba za ta gama ba. Alamar dawowar ganga daga jitar Eskil take fitowa. Tuva ba ta taɓa jin alamar ba. Dunduniya take gani ta ɗaga, ta buga ƙasa sau uku, sai ta shigo.

Yanzu ta waiga hagu. Hayaƙi, baƙin daɓe, baƙin takalmi. Ba komai.

Ta yi shahada ta shigo. Ashe Sunniva ko rabi ba ta kai ba.

"Tsaya," in ji Brage. "A sake."

Karo na biyu ta makara. Karo na uku Brage ne ya shaƙi hayaƙinsa ya yi ta tari har ya kusa kayar da kyamarar mutane, Tuva ta ji kamar ta rungume shi. Karo na huɗu ta ƙudura ba za ta yi gaggawa ba, ta jira, ta jira, sannan ta sauke sanduna da iya ƙarfinta. Sai da hayaƙin ya ɗan yaye ta ga su biyun sun daɗe da daina kiɗa, suna tsaye suna kallonta.

Sunniva ta cire jitarta a hankali ta jingine. Ta ɗauki waya ta fita. Ta tagar da ke gefe Tuva tana hango ta a ƙarƙashin rumfa, tana magana tana kaɗa hannu.

Eskil ya sauko daga kan akwatunan cikin baƙin takalminsa yana ɗingishi.

"Bari in ɗauko nawa," ya ce.

"Kada ka soma," in ji Brage. "Ina ruwan takalmi da ganga?"

Ƙofa ta buɗe, Sunniva ta shigo gashinta jiƙe, ta zo ta tsaya gaban gangunan ta riƙe ƙugu.

"Wace ƙungiya ce?"

"Na'am?"

"Kada ki raina min hankali, Tuva. Tun muna aji uku na san ki. Ko cikin barci aka tashe ki ba kya kuskuren waƙar nan. Da gangan kike yi don mu ce ki tafi, ki huta da kunyar faɗa da bakinki."

"Ke kina da lafiya kuwa?"

"Talata uku a jere ina ganinki kina hawa bas ɗin Stavanger da sassafe. Kika ce min wai haƙori. Haƙora nawa ne a bakinki?"

"Sunniva…"

"Masu gashi har ƙugun nan ne, ko? Waɗanda mai gangarsu ya tafi aikin jirgin mai? Me suka fi mu da shi, mota?"

"Motarsu dai tana tashi da safe," in ji Brage a hankali.

"Kai rufe min baki."

Tuva ta kalli sandunan da ke hannunta. Ta daɗe tana tunanin ranar nan, amma ko sau ɗaya ba ta zaci za a tuhume ta da cin amana ba, kuma abin ya yi mata ciwo fiye da yadda ta ɗauka. Ta sunkuya ta zuge jakar sandunanta, ta zaro wata takarda da ta sha ninki har ta fara yagewa, ta miƙa.

Sunniva ta karɓa ta juya ta. Brage ya leƙo ta kafaɗarta.

"Wannan layin da ya gangara ƙasa fa?"

"Kunnena na hagu ke nan," in ji Tuva. "Ya tafi. Na dama yana nan, amma tsuwa yake. Likitan kunne nake zuwa gani a Stavanger, don a nan matar da ke karɓar kati ƙawar mamata ce."

Injin hayaƙi ya yi wata 'yar atishawa ya mutu.

"Tun yaushe?" in ji Sunniva. Muryarta ta sauka.

"Tun wasanmu na farko a Bergen. Na cire robar toshe kunne, wai ina so in ji abin a jikina. Sifika tana daidai kaina. Washegari na tashi da tsuwar, na ce zuwa yamma za ta daina."

"Shekara biyu."

"Eh."

"To ta yaya kike kiɗa?"

Tuva ta ji fuskarta ta yi zafi.

"Ƙafar Eskil nake kallo."

Sunniva ta juya ta kalli baƙin takalmin da ke ƙafarsa, ta kalli ƙofar ɗakin baya, ta sake kallon takardar.

"Ba laifinku ba ne," in ji Tuva, ta miƙe tana tattara sanduna, tana magana da sauri don kada kuka ya riga ta. "Ba a yin ƙungiya da mai gangar da ba ta jin ƙungiyar. Ku nemi wani. Abu ɗaya nake roƙo, kada Baba ya ji. Ku bar ni in san yadda zan…"

"Zauna," in ji Eskil.

"Eskil, ka bari."

"Na ce zauna. Ke a zatonki son takalmin nake?"

Ta tsaya da jaka a hannu.

"Kin san yadda ƙafa take wari in ta yi awa biyu cikin roba ƙarƙashin fitilu? Mamata a baranda take sa ni in cire safa. Karenmu ba ya zuwa kusa da ni."

"Ka sani?"

"Tun watan da abin ya faru."

"Wa ya faɗa maka?"

"Ba kowa. Muna dawowa a mota, ina zaune ta hagunki, na faɗa miki wata magana. Kika yi banza da ni. Sati na gaba na sake faɗa, kika ci gaba da cin gyaɗarki. Na yi kwana goma ina fushi ni kaɗai. Sai rannan na ce bari in gwada, na ce miki ni na taka miki faifan ƙarfen nan na gangunanki da ya fashe."

"Kai ne ka fasa min faifai?"

"Kin gani? Da kin ji tun a lokacin, da yanzu an yi sadakar shekarata. Amma ko motsi ba ki yi ba. Nan na gane."

Dariya ta kuɓuce wa Brage, ya mayar da ita tari. Sunniva kuwa ta ƙanƙance ido.

"Dakata. Wace magana ce ka faɗa mata har sau biyu?"

"Ta wuce."

"Ta wuce ina? Kunnenka ya yi ja fa."

"Hayaƙi ne."

"Me ka ce, Eskil?" in ji Tuva.

"Ba yanzu ba," ya ce, yana kallon daɓe. "In zan sake faɗa, ta dama zan zagayo."

Tuva ta koma ta zauna. Shekara biyu tana yi wa mutumin nan dariya tare da kowa. Ita ce ma ta zana masa kifi a jikin takalmin da alƙalami ranar da ya cika shekara ashirin da uku.

"Ina ka samo dabarar?" ta tambaya.

Ya sosa ƙeya.

"Wurin babanki."

"Ka faɗa masa?"

"Haba dai, ni mahaukaci ne? Ina taya shi fentin kwale-kwale, na ce Kawu Torleif, da kunnenka ya fara tafiya yaya ka ƙarasa wasannin da suka rage? Ya ce mamarki ce. Wai shekara guda cur tana tsayawa a gaban dandamali da farin takalmi mai tsini, tana buga masa ƙasa, ba wanda ya sani a ƙungiyarsu."

"Mamata? Wadda take cewa kiɗanmu kamar ana dambe a shagon maƙeri?"

"Ita fa. Ni kuma na duba, mai tsini ba zai shige ni ba."

Sunniva ta ajiye takardar a kan babbar ganga. Idanunta sun cika, amma fuskar a murtuke take.

"Wato kowa ya sani sai ni."

"Ni ma ban sani ba," in ji Brage.

"Kai waye ya ƙirga ka?" Ta juya ga Tuva. "Ni kika ɓoye wa? Ni da na riƙe miki gashi kina amai a jirgin ruwa? Kin zaci korarki zan yi?"

"Kin kori Pelle, mai jitarmu na da, saboda ya makara sau biyu."

"Pelle bai iya kiɗa ba, makarar dalili ce na samu."

Ta juya fuu ta shige ɗakin baya. Suka ji ana watsi da kaya, wani abu ya faɗi, ta yi ashar. Tuva ta kalli Eskil, ya ɗaga kafaɗa.

Can sai ga ta ta fito. A hannunta takalman Eskil ne, ta wurga masa. A ƙafarta kuwa wasu fararen ne da suka fi ta girma da lamba biyar, ɗaya ma ya fi ɗaya tsawo, tana jan su ƙwas-ƙwas a kan daɓe, sama baƙar rigar fata mai ƙusoshi.

"Kada wanda ya yi dariya," ta ce. "In ya koma hagu, ga ni a gabanki. In zan gama jan jitar, zan buga sau uku. Ƙafa huɗu sun ishe ki, ko in ɗauko wa Brage?"

Tuva ta kalli fararen takalman da ke gabanta. Ta sa bayan hannu ta goge hanci.

"Sannan daga yau robar toshe kunnen nan ba ta barin kunnenki na dama," in ji Sunniva. "In na gan ki babu ita, da jitar nan zan rotsa miki kai. Kin ji, ko in zagayo?"

"Na ji."

"Hotona fa?" in ji Brage, kamar zai yi kuka. "Na yi sati ina tsara baƙi a kan baƙi."

Ya leƙa cikin kyamarar don ya nuna musu ɓarnar da suka yi. Ya daɗe a sunkuye. Ya ɗago, ya matsa baya, ya sake leƙawa.

"Akwai saura a ɗakin?"

"Sun fi ashirin."

"Tuva, ke ma saka. A ƙarƙashin ganga zan ajiye fitila. Kai Eskil dawo dama. Hayaƙin daga ƙugu zuwa sama kawai." Ya nufi ɗakin baya da kansa. "Ni ma bari in sa, daɓen nan sanyi gare shi."

"Ɗazu fa ka ce yana cinye hoto," in ji Eskil.

"Ɗazu guda biyu ne. Guda biyu kuskure ne. Guda shida salo ne."

Suka sake hawa. Tuva ta cusa robar a kunnen dama, duniya ta yi nisa, ta haɗa sanduna sau huɗu. Da aka zo tsakiya ta ɗaga hannuwa ta jira. Sunniva ta yi ta jan jitarta, ta ja, ta ja, har da durƙusawa, da gangan don ta gwada ta. Sai dunduniya biyu suka ɗaga tare, ɗaya a dama ɗaya a gaba, suka sauka sau uku.

Tuva ta shigo daidai kan gaɓa, da ƙarfin da sai da ƙurar rufin siton ta zubo.

Da suka gama Brage yana tsalle cikin takalmin da ya kusa kai masa cinya. Eskil yana murmushi yana kallon silin. Tuva tana dariya hawaye na zuba, rabon da ta ji daɗin waƙar nan ba tare da fargaba ba har ta manta. Sunniva ta zo ta rungume ta ta saman ganguna, ta ture faifai ɗaya ya faɗi.

Sai Tuva ta ji jikin ƙawarta ya sandare.

"Wayyo."

"Mene ne?" Ta zare robar.

"Tuva, na yi wata wauta."

"Wace iri?"

"Ɗazun nan da na fita da waya. Raina a ɓace yake. Na zaci tafiya za ki yi, ga kyamarar mutane, ga Litinin ta matso."

"Wa kika kira?"

"Na ce a zo a riƙe mana ganga na yau kawai. Kuma mutum ɗaya ne a garin nan ya san waƙoƙinmu kaf, tunda a ƙarƙashin ɗakinsa muka shekara muna…"

"Sunniva. Wa kika kira?"

Ƙarar mota ta tsaya a waje. Tuva ba ta ji ba, a fuskar Eskil ta gani.

"Me kika ce masa?" in ji Eskil da sauri.

"Ba komai. Na ce yau Tuva ta kasa shigowa kan gaɓa har sau uku."

"Kai jama'a."

"Kowa ya yi shiru," in ji Tuva, tana cusa takardar likita cikin rigarta. "Gajiya ce. Ban yi barci ba. Kun ji? Brage, in ka buɗe baki sai na…"

Ƙofa ta buɗe.

Torleif ya shigo yana kaɗe ruwa daga hularsa, dogo, farin gashi ɗaure a ƙeya, tsofaffin sandunansa a aljihun baya, a hannunsa kwano rufe da tsumma.

"Mamarku ta ce in kawo muku waina da zafinta," ya ce da ƙarfi, yadda ya saba magana. "To ina mai gangar da aka ce ta manta lissafi?"

"Ga ni, Baba. An gyara. Gajiya ce kawai, ka sha wahalar banza."

"Mun ma ɗauka, Kawu," in ji Sunniva tana washe baki. "Ya yi kyau sosai."

"To madalla."

Ya nemi inda zai ajiye kwanon. Idonsa ya sauka ƙasa.

Ya ga ƙafar Eskil. Wannan ya saba gani, har tsokanarsa yake yi. Ya ga ta Sunniva a gaban ganga. Ya ga fitilar da aka ajiye a ƙasa tana haska daɓe. Ya sake komawa kan Eskil, ya daɗe yana kallonsa, irin kallon mutumin da ya tuna wata tambaya da aka taɓa yi masa a gindin kwale-kwale.

Murmushin ya bar fuskarsa a hankali.

Ya ajiye kwanon a kan sifika. Ya kai hannu bayan kunne ya ƙara wa na'urarsa ƙarfi. Sannan ya sa hannu a aljihu, makullansa suka fito, ɗan makullin gangar yana lilo a tsakaninsu.

Bai ɗaga murya ba. Tunda Tuva take, ba ta taɓa jin babanta ya yi magana a hankali haka ba.

"Tuva," ya ce. "Na hagu ne ko na dama?"